Sunan Ya Gana na Yanka

Azare, Talata

Zuwa ga Inna Kubra,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki da fatan kina lafiya, ke da Malam da yara da ɗalibanki. Na san an kira ki jiya an gaya miki na sauka, mace ce. Ni da ita ƙalau muke, sai kumburin ƙafata da bai saɓe ba har yanzu. Kada ki yi mamakin ganin takarda. Hajiya surukata ta karɓe wayata ta kulle a durowa, wai haskenta yana ɓata idon mai jego. Abbas direba, mijin maƙwabciyarmu, yana zuwa Katagum kusan kullum, shi zai riƙa kai miki.

Inna, magana ce ta taso. Kin san tunda mahaifiyata ta rasu ina shekara huɗu, kakata Ya Gana ce ta rene ni har ta kai ni ɗakin miji. Bara da muka dawo daga sadakar ukunta, maigidan ya yi mini alkawari in Allah ya ba mu mace, sunanta za ta ci.

Jiya da ya kai wa mahaifinsa maganar, Alhaji ya ce a dakata. Wai kwanakin baya an turo wani saƙon murya a guruf ɗinsu na 'yan kasuwa, ana lissafa sunayen da bai kamata Musulmi ya sa wa ɗansa ba, har da Yagana. Mai maganar ya ce asalinsa na majusawa ne masu bautar wuta a ƙasar Farisa, Barebari suka ara ba su sani ba. Alhaji ya ce shi ba ya raina kakata, shi ma ya je jana'izarta, amma ba zai sa a yanka rago da sunan da bai san tushensa ba. Ya ce a kawo masa asalinsa na gaskiya kafin Litinin, in ba a samu ba ya zaɓa da kansa.

Ba ni da wanda zan tambaya sai ke. Ke ce 'yar baffan mahaifiyata, ke ce mai ilmin danginmu, ke kika koya mini karatu. Don Allah ki bincika mini. Yau saura kwana shida.

'Yarki,
Sa'adiyya

Katagum, Laraba

'Yata Sa'adiyya,

Wa'alaikumus salam. Barka da arziki, barka! Allah ya raya mana ita, ya ba ki lafiyar shayarwa. Mu nan duk lafiya. Ƙafar nan ki riƙa ɗora ta kan matashi, in ta kai jibi ba ta sauka ba ki sa mijinki Uzairu ya mai da ke asibiti, kada ki yi kunyar faɗa. Na so in zo tun jiya, amma 'yan ajin ƙarshe suna jarrabawar fita, ni ce kuma mai tsaron ɗakinsu har ranar Litinin.

Share hawayenki, na riga na samo miki. Ina gama karanta takardarki na ɗauki waya na shiga intanet, ban ko tuɓe hijabi ba. Shafuka uku na buɗe na ma'anar sunaye, duka ukun bakinsu ɗaya: Yagana kalmar Farisanci ce, ma'anarta tilo, wadda babu irinta. Ki ji daɗin suna! Wallahi da na gani sai da na tuna ta zaune a kan tabarmar nan tata tana ɓarar gyaɗa tana yi mana faɗa. Babu irinta kuwa.

Ko ɗaya daga cikin shafukan bai ambaci wuta ko bautarta ba. Mutanen Farisa kuma sun daɗe da Musulunta, manyan malaman hadisi da yawa daga can suka fito, Alhaji ya fi ni sanin wannan. Na kwafe miki abin da aka rubuta a bayan takardar nan. Ki ba Uzairu ya karanta wa mahaifinsa, ke kuma ki kwanta ki huta. Abu mai sauƙi ne, kada ki bari ya hana ki cin abinci.

Abbas yana ta danna mini hon a ƙofar makaranta. Ki gaida Hajiya.

Innarki,
Kubra

Azare, Alhamis

Inna,

Ina gaisuwa. Muna lafiya, ƙafar ta fara sauka. Cibiyar jaririya ba ta faɗi ba tukuna.

Inna, abin ya lalace. Na ba maigidan takardarki kamar yadda kika ce, ya karanta wa Alhaji jiya bayan la'asar a gaban abokansa biyu. Yana zuwa kan kalmar Farisanci Alhaji ya ɗaga hannu ya ce ya isa. Ya ce, "To, kun ji. Malamar makaranta, 'yar danginsu, ita ma ta ce daga Farisa ne. Ashe mai saƙon bai yi ƙarya ba." Maigidan ya ce akwai saura, Alhaji ya ce rabin maganar mutumin ta tabbata, shi ba zai yi caca da sauran rabin a kan jikarsa ba.

Da can shakka yake yi. Yanzu ya yanke. Ya ce Hauwa za a sa. Ba ni da abin cewa a kan Hauwa, suna ne mai kyau, amma ba shi aka yi mini alkawari ba.

Abin da ya fi ƙona mini rai, maganar ta shiga cikin gida. Ɗazu wata 'yar barka, tana riƙe da jaririyar a hannunta, ta ce da ta kusa da ita, "Ashe dangin uwar da wuta-wuta a asalinsu." Suka yi dariya. Ina zaune. Matar da ban taɓa farkawa da asuba na same ta kwance ba, ita ake faɗa wa haka, ba ta kuma nan balle ta ba su amsa.

Maigidan ba ya iya haɗa ido da ni. Ya shigo ya ajiye kayan barka ya fita. Ban ga laifinsa ba, mahaifinsa ne.

Ban ce ke kika jawo ba, Inna. Amma in akwai wani abin da ya wuce shafukan nan uku, ki taimake ni. An kawo ragon, yana ɗaure a tsakar gida, ina jin kukansa daga nan.

Sa'adiyya

Azare, Asabar da safe

Inna,

Ina gaisuwa, muna lafiya. Jiya ban ga takardarki ba. In maganata ta Alhamis ce ta ɓata miki rai, ki yafe mini, zafin zuciya ne. In kuma shirun naki yana nufin kin duba kin ga gaskiyar Alhaji ce, ki faɗa mini kai tsaye, zan iya ɗauka. Ya fi mini wannan zaman jiran.

An aika wa liman. An raba goron gayyata. Saura kwana biyu.

Sa'adiyya

Katagum, Asabar

'Yata,

Ina gaishe ki, ina gaida 'yar baƙuwarmu. Ban yi fushi ba, ina ni ina fushi da ke? Abbas bai zo jiya ba, motarsa tana wurin makanike, na kira Uzairu sau huɗu bai ɗaga ba. Yanzu takardarki ta safe ta same ni, na roƙi Abbas ya jira ni ko da fasinja za su zage shi.

Na fara da neman gafararki. Ni ce na jawo. Shekara ashirin da biyu ina gaya wa yara kada su kwafi amsa sai sun san inda ta fito, sai ga ni na yi abin da nake ja musu kunne a kai. Na koma shafukan nan uku na karanta a tsanake: jimla ɗaya ce suka kwafa daga juna, har da kuskuren rubutu iri ɗaya. Shaida ɗaya ce na ɗauka uku. Kuma ba su yi ƙarya ba, akwai wannan suna a Farisa. Sai dai ba kakarki suke nufi ba, ba su san da ita ba. Na tambayi mutanen da ba su taɓa jin sunan Gaidam ba, na bar wadda ta taso ɗaki ɗaya da ita, nan bayan kasuwar kifi.

Ya Fanna nake nufi. Kin san ita da Ya Gana 'ya'yan wa da ƙani ne, kakarsu ɗaya ta rene su a Gaidam kafin aure ya kawo su nan. Na je wurinta Alhamis da yamma. Idonta ya yi rauni amma bakin yana nan. Da na gaya mata maganar Farisa, dariya ta yi har da tari.

Ta ce, "Farisa kuma wace unguwa ce? Ke Kubra, bokon nan da kika yi, a ina kika zubar da shi?"

Na ce, "Ya Fanna, mu da aka haifa a nan, Barbarcinmu bai wuce gaisuwa ba."

Ta ce, "Shi ya sa. Ya, uwa. Gana, ƙarama. Ƙaramar uwa. Ba ki ga su Babagana cike da gari ba? Su ma daga Farisar aka kwaso su?"

Sa'adiyya, na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Ashe Ya Gana ba sunanta na yanka ba ne. Mahaifinta ya sa mata sunan mahaifiyarsa, wato kakar nan da ta rene su. Tunda babu mai iya kiran sunan tsohuwar a gidan, sai aka riƙa ce wa yarinyar Ya Gana. Da shi ta yi aure, da shi aka yi mata katin zaɓe, da shi muka binne ta. Ko mahaifiyarki ba na jin ta san akwai wani.

Na ce, "To mene ne sunan?"

Ta ce, "Ke ba ki da kunya? Matar da ta goya ni zan kira sunanta? Ban taɓa ba ina yarinya, sai yanzu da nake shirin zuwa in same ta?"

Na yi lallashi, na kawo maganarki, na kawo ta jaririya. Ta ce Allah ya raya, ta juya kai. Sai na ce to kada ta faɗa, ni zan riƙa kiran sunaye, wanda ba shi ba ne ta ce a'a. Ba ta ce to ba, ba ta kuma hana ni ba.

Na ce Falmata. Ta ce a'a. Zara? A'a. Amina? "A'a, wannan mai tallan nononmu ce, ta cika ruwa." Na kira wajen goma tana korewa. Da na ce Aisha, sai ta ja mayafi ta rufe fuska. Ba ta ce komai ba. Na ci gaba, Maryam, ta ce a'a daga cikin mayafin.

Wannan karon ban ruga na rubuto miki ba. Na koma jiya bayan Juma'a, na sake jera sunayen, na canza musu wuri, na ƙara sababbi. A kan Aisha ta sake yin shiru. Sannan na ja matar jikanta gefe, wadda take kula da ita. Kin san sunanta? Nana Aisha. Na ce da wane suna Ya Fanna take kiranki? Ta ce, "Amarya. Shekarata goma sha ɗaya a gidan nan, 'ya'yana huɗu, har yau Amarya. Na zaci tsokana ce." Maƙwabta biyu na tambaya daban-daban, duk sun ce ba su taɓa jin sunan nan a bakinta ba.

Ga abin da na sani: ma'anar Ya Gana, daga bakin mai harshen na ji. Ga abin da na fahimta amma ban ji da kunnena ba: sunan kakarki Aisha. Ki gaya wa Uzairu ya faɗa wa Alhaji haka, yadda na rarrabe su, kada ya ƙara kada ya rage. Ya kuma karanta tun daga farko har ƙarshe.

Innarki mai neman afuwa,
Kubra

Azare, Lahadi da sassafe

Inna,

Ina gaisuwa. Lafiyarmu ƙalau. Na karanta takardarki sau uku, na yi kuka, wannan karon ba na baƙin ciki ba. Shekara goma sha tara muna kwana ɗaki ɗaya ban san sunanta ba.

Maigidan ya karanta wa Alhaji duka bayan magariba. Ya saurara har ƙarshe. Ya ce maganar ƙaramar uwa ta shiga hankali, kuma Aisha ba sunan da wani zai ƙi ba ne. Amma ya ce ranar Laraba wannan malamar ta rubuto da tabbaci ta ce Farisa, yau ta rubuto ta ce Gaidam, ranar Talata mai zuwa wa ya san abin da za ta ce? Ya ce rufe fuska ba shaida ba ce, tsohuwa tana iya rufe fuska don ta gaji da surutu. Yana tsoron kada a ce an laƙaba wa marigayiya sunan da ba nata ba don a rufe masa baki. In akwai wanda ya san sunan, ya faɗa da bakinsa ya ji. In babu, ya riga ya gaya wa liman Hauwa, shi ba yaro ba ne da zai riƙa canza magana.

Inna, ki koma mata. Ko ta waya ce, kalma ɗaya. Gobe bayan asuba za a raɗa.

Sa'adiyya

Katagum, Lahadi da hantsi

'Yata,

Muna lafiya. Na je, daga can nake. Na durƙusa a gabanta na karanta mata takardarki. Na miƙa mata waya na ce ga lambar Uzairu, ta ture hannuna. Ta ce sunan da ba ta faɗa wa mutum ba, ba za ta faɗa wa ƙarfe ba. Ta tambaye ni Alhajin nan ɗan wane ne, na ce ɗan Alhaji Babayo mai hatsi ne, Bafillatani. Ta ce "Uhm." Daga nan ta ce in tashi in ba ta wuri, na cika ta da magana.

Ban iya ba, Sa'adiyya. Alhaji kuma yana da gaskiyarsa, ni na zubar da yardar da zai yi mini. Ki yi haƙuri ki karɓi abin da aka raɗa gobe da hannu biyu, kada ki bari a ga ɓacin rai a fuskarki, kada kuma ki riƙe Uzairu a zuciya. Yarinyar taki ce ko da wane suna. In ta girma ni da kaina zan zaunar da ita in ba ta labarin kakarki.

Kubra

Azare, Litinin da yamma

Inna Kubra,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, an yi taro lafiya an tashi lafiya. Gidan bai gama watsewa ba, na shige ƙuryar ɗaki ina rubuta miki a kan gwiwata. Na san kina ɗakin jarrabawa tun safe, ƙila ba ki ji ba.

Jiya bayan la'asar ana tsaka da gyaran kayan miya, keke napep ya tsaya a ƙofar gida. Sai ga Nana Aisha ta shigo riƙe da hannun Ya Fanna. Wai kina fita ta ce a ɗauko mata mayafinta na zuwa unguwa a kai ta tasha. Shekararta tara rabonta da shiga mota. Ta yi amai sau biyu a hanya.

Ba ta sha ko ruwa ba. Ta zauna a bakin gadona ta ce a miƙo mata yarinyar, ta shafa fuskarta da yatsu, sannan ta ce a kira mata Alhaji. Hajiya ta ce Alhaji ba ya shigowa sashen surukai. Ya Fanna ta ce, "Ki ce masa uwargijiyarsa ce ta zo daga Barno." Kin san wasan Barebari da Fulani. Matan da ke tsakar gida suka kwashe da dariya.

Ya zo ya tsaya a bayan labule, ya gaishe ta da ladabi, ya ce, "Iya, da kin aiko ai ni zan zo. Barebari da son wahala."

Ta ce, "Ka zo ina? Kai da aka ce ka koma ɗaukar karatu a wurin waya. Bafillatanin da bai gama sanin sunayen shanunsa ba, shi ne zai binciki namu?"

Ya yi dariya ya ce, "Iya, tsoron Allah ne ya sa. Amana ce a wuyana."

Ta ce, "Na sani, shi ya sa na zo. Da rainin wayo ne da ban taso ba. Matso da kunnenka, sau ɗaya zan faɗa."

Inna, ina kusa da ita, na ga ta dafa zanen jaririyar. Ta buɗe baki ta rufe. Ta yi wata magana da Barbarci a hankali, ba da mu take ba, ina jin gafara take nema. Sannan ta ɗaga murya ta faɗa, irin faɗar mutanen can: "Aisa. Sunan kakarmu ke nan, shi aka yanka wa 'yar'uwata rago da shi, ina tsaye a wurin." Ta ja mayafi ta rufe fuska, kafaɗunta suna motsi.

Sai Alhaji ya ce, "Na ji, Iya. Na sa ki abin da bai kamata in sa ki ba, ki yafe mini." Muka ji takunsa ya fita. Da kansa ya taka zuwa gidan liman kafin magariba.

Yau da safe maroƙi ya leƙo ya sanar: Aishatu. Aka ɗauki guɗa.

Da hantsi Alhaji ya aiko a kai masa jaririyar zaure ya sa mata albarka. Hajiya ta dawo da ita tana cewa yanzu sai a san abin da za a riƙa kiranta, tunda 'yar fari ce gare ni, ga shi kuma sunan kakata ne, bakina ba zai iya ba. Wata ta ce Ummi, wata ta ce Humaira. Ya Fanna tana kwance tana hutawa, ko ido ba ta buɗe ba ta ce, "Ku daina wahalar da kanku. Miƙo mini Ya Gana nan."

Na dubi Hajiya. Hajiya ta dubi ƙofar zaure. Sai ta gyara wa jaririyar hula ta ce, "Tashi, Ya Gana, ana kiranki."

Ki zo ranar Asabar, Inna, na ajiye miki naman suna. Ya Fanna ta ce ba za ta sake shiga mota ba sai da ke, don ta sami wadda za ta yi wa faɗa a hanya.

'Yarki,
Sa'adiyya